Garin Mai Bokiti

Jikana ne ya jawo wannan tafiya, ko da yake in ka tambaye shi cewa zai yi ni na tayar da ballin.

Na sauka Greensboro, a jihar Karolina ta Arewa, a ƙarshen sanyi, don in ga 'yata da iyalinta, in kuma nuna wa likita idona na hagu. Wanda bai san garin ba zai sha mamakin yawan 'yan Nijar da ke cikinsa. Ranar Juma'a in an sallame ka tsaya a bakin masallaci, Zabarmanci da Hausa za su yi ta dukan kunnenka har ka manta a ƙasar wa kake. Surukina ma ɗan Maraɗi ne, mutum mai kunya, wanda in ina falo sai ya zauna a ƙasa ko da kujera uku ba kowa a kai. Shi ya lura zaman gida ya fara cina. Wata Laraba ya shigo ya durƙusa, ya ajiye wayarsa a gabana, ya ce, "Baba, an ce kuna son ƙwallon kwando. Na yankar mana tikiti." Na kanne ido mai ciwon na duba da mai lafiyar, sai ga Harlem Globetrotters, ƙungiyar nan mai haɗa ƙwallon kwando da barkwanci.

Ban san lokacin da na yi salati ba.

Shekara 31 na yi ina koyar da wasannin motsa jiki a makarantun sakandare na Zariya da kewaye, kuma rabin abin da ya sa ni wannan hanya wani kaset ɗin bidiyo ne. A farkon shekarun 1980 aka tara mu a gidan wani malamin jami'a a Samaru aka sa mana shi, ya sha kallo har hoton yana rawa. Baƙaƙen fata ne dogaye, riga shuɗiya, gajeren wando mai ratsin ja da fari, sun yi da'ira a tsakiyar fili ana ta fito, ƙwallo kuwa na yawo a tsakaninsu kamar mai rai. Ta bi kafaɗa, ta gangara gadon baya, ta hau ɗan yatsa tana juyawa. A cikinsu akwai mai lamba 36, wanda bakinsa bai rufu ba tun daga farko har ƙarshe, yana ta zuba da wata siririyar murya. Ya watsa wa alƙalin wasa ruwa, aka yi ta guje-guje, sai ga shi ya sake fitowa da bokiti. Wanda ake bi ya ruga gaban 'yan kallo ya sunkuya, shi kuwa ya sheƙa musu. Mata suka yi kururuwa suka dafe kai. Ashe yagaggun takardu ne a ciki. A falon nan na Samaru sai da wani ya faɗo daga kujera. Sunan mutumin ya ƙi zama a bakinmu, muka sa masa Mai Bokiti. Sai daga baya na san Meadowlark Lemon ake ce masa.

Wasan Greensboro ba zan daɗe a kansa ba. Zauren ya cika da yara, kiɗa kamar zai fasa kunne. Sun ƙara layin maki huɗu can bayan na uku, akwai kuma mace a cikinsu, abin da suka fara tun 1985 da Lynette Woodard. Abokan karawarsu na gado, Washington Generals, sun sha kashi kamar yadda aka ɗauke su aiki su sha. Bokiti ma yana nan. Jikana ɗan shekara 11 ya yi dariya har guggurunsa ya watse a cinyata, ya ce wai ni na ture.

A mota ne zance ya canja. 'Yata, wadda nake kira Ummi don sunan mahaifiyata ta ci, ta yi shiru tun daga zauren. Na ce, "Ummi, wasan bai yi miki ba?"

Ta ce, "Ya yi, Baba. Na yau ba komai. Na zamanin Mai Bokitinku nake tunani. Zaure cike da Turawa, baƙar fata yana zare ido yana maƙe murya yana tsalle. Dariyar nan, tare da shi ake yi, ko shi ake yi wa?"

Ta yi karatu a nan, ta san abin da ban sani ba sai a bakinta: an daɗe a Amurka ana wani wasan dandali inda Bature zai shafa baƙi a fuska, ya faɗaɗa leɓe da fenti, ya fito a matsayin bawa wawa mai washe baki. Ta ce a shekarun 1960, lokacin da ake dukan matasa a titi don neman 'yanci, baƙaƙen fata da yawa sun ga Globetrotters a matsayin ci gaban wancan wasan, suna kiransu 'yan amshin shata. Ta nuna mini wani gini a tsakiyar gari ta tagar mota, tsohon kantin Woolworth. Nan ne ɗalibai huɗu suka zauna a kantar cin abinci ta Turawa zalla ranar 1 ga Fabrairu 1960 suka ƙi tashi. "Su sun zauna sun haɗe rai," in ji ta, "shi yana can yana wasa da bokiti."

Na so in ba ta amsa, na rasa. Jikana ne ya cece ni daga baya, ya ɗago daga waya ya ce, "Tsoho, garin Mai Bokitinka fa a jihar nan yake. Wilmington. Akwai teku." Shi teku yake so. Na ce, "Maigida," don kakarsa ta riga ta ce shi ne mijinta ni kuwa tsohon yayi, "Asabar za ka kai ni."

Tafiyar ta haura kilomita 300, a kan babbar hanya mai lamba 40 wadda take ƙarewa a Wilmington ɗin. Mun tashi bayan asuba. In ka wuce Raleigh ƙasa sai ta kwanta, itatuwa masu ganye kamar allura sun yi layi dama da hagu, ba ka ganin ko akuya. Can wani wuri wani wari ya shigo motar duk da gilashi a rufe. Surukina ya ce a hankali, "Gonakin alade ne, Baba." Yankin nan yana cikin inda aka fi kiwonsu a duk Amurka, don haka in ka ga an rubuta gashi a bakin hanya, wuce abinka. Dab da shiga gari aka sa wa hanyar sunan Michael Jordan, wanda shi ma a nan ya tashi. Jikana ya yi ihu kamar ya ga mutumin da kansa. Na ce masa ba wajen wannan muka zo ba, wajen babansa a sana'a muka zo.

Ummi ce ta zaɓi inda za mu fara, kuma da gangan ta zaɓa. A kan Titi na Uku ta arewa akwai wani ɗan fili da aka kafa filafilai shida na tagulla, irin na tuƙa kwalekwale, kowanne ya fi ɗaki tsawo. Tunawa ce da ranar 10 ga Nuwamba 1898. A lokacin baƙaƙen fata su ne mafi yawa a Wilmington, suna da shaguna, da lauyoyi, da kujeru a majalisar gari, da jaridarsu ta kullum mai suna Daily Record wadda Alexander Manly ke bugawa. A ranar wasu Turawa ɗauke da bindigogi suka ƙone ofishin jaridar, suka bi unguwanni suna harbi, suka tilasta wa zaɓaɓɓun shugabannin gari sauka suka naɗa nasu. An kashe mutane gommai, wasu na cewa ɗaruruwa, da yawa kuma suka gudu ba su sake dawowa ba. Mu da muka tashi muna jin kiɗan soja a rediyo da asuba, mun san sunan wannan abu. Juyin mulki ne, a cikin Amurka.

Na tsaya ina lissafi da yatsu. An haifi Lemon a 1932, shekara 34 ke nan bayan abin. Tsofaffin unguwar da ya tashi a gabansu sun gani da idonsu. Yaron da ya girma a irin wannan gari ba sai an zaunar da shi an koya masa abin da ke samun baƙar fatar da ya ɗaga kai ba.

Ba nisa daga nan, a kan titin dai, akwai wata gada da aka sa wa sunansa. Gada ce kawai, motoci na wucewa, ba wanda ke waiwayen allon. Na sa surukina ya tsaya na sauka na ɗauki hoto, wata mata mai jan kare ta dube ni kamar na ɓata hanya.

Daga nan muka nemi Williston, makarantar da ya gama a 1952. A zamaninsa ita ce sakandaren baƙaƙen fata, kuma abin alfaharinsu. Althea Gibson, wadda ta zama baƙar fata ta farko da ta ci gasar tanis ta Wimbledon, a nan ta yi. Martin Luther King ma an shirya zai yi jawabi a nan ranar 4 ga Afrilu 1968, ya ɗaga zuwansa ya zauna a Memphis, kuma a ranar aka harbe shi. A shekarar aka rufe ta a matsayin babbar sakandare da sunan haɗa makarantu. Yanzu yara ƙanana ke karatu a wurin. Asabar ce, ba kowa, sai wani dattijo a barandar gidansa tsallaken titi, kan kujera mai lilo. Na yi masa sallama irin tasu, na ce daga Najeriya nake, na zo ganin garin Meadowlark. Ya daina lilon. Ya ce kowa Jordan yake tambaya. Ya kira matarsa ta fito ta gan ni, ta kawo mana shayi mai ƙanƙara, zaƙi kamar an narka rake.

A barandar nan na ba jikana labarin da na daɗe da sani, dattijon yana gyaɗa kai duk da ba ya jin Hausa. Lemon yana shekara 11, daidai kai, ya shiga silima a garin nan. Kafin fim akan nuna ɗan guntun labarai, a ciki ya ga Globetrotters. Ya fito da gudu, ko ƙwallo ba shi da ita. Ya samo wayar rataye riga ya lanƙwasa ta ta zama zobe, ya ɗaura mata buhun albasa a matsayin raga, ya kafa. Ƙwallonsa kuwa gwangwanin madarar Carnation.

"Gwangwani ba ya tsalle," in ji jikana.

Na ce shi ya sa ya koyi jifa kafin ya koyi komai. Mu ma da gwangwanin madara muka yi mota, da tsumma muka yi ƙwallo, sai dai mu mun bari da muka girma. Shi daga baya ya samu kulob ɗin yara na unguwa inda aka koya masa jifar ƙugiya, wadda ake ba kwando kafaɗa a ɗaga hannu ɗaya a sako ƙwallo ta saman kai. Ya ɗan taɓa jami'ar Florida A&M, aka ɗauke shi soja, ya yi shekara biyu a Ostiriya da Jamus ta Yamma. Da ya dawo, a 1954 ya sa rigar da ya gani a silima. Sunansa na yanka Meadow Lemon. Ƙarin da ya yi ya mai da shi sunan wani tsuntsu mai rawayan ƙirji da daɗin kuka. Jikana ya ce to ai Lemun Tsami ya kamata mu kira shi, ba Mai Bokiti ba.

A nan zan ɗan tsaya, don ƙungiyar kanta akwai abin dariya a tarihinta tun kafin a shiga fili. Ba 'yan Harlem ba ne, wato unguwar baƙaƙen fata ta New York. A Shikago aka kafa ta cikin shekarun 1920, a hannun wani gajeren Bayahude haifaffen Landan, Abe Saperstein. Ya liƙa mata Harlem ne don mutanen ƙananan garuruwa su san baƙaƙe ne ke zuwa, kada a gan su a ce ba a faɗa ba. Ya ƙara da kirarin masu zaga duniya a lokacin da a tsohuwar mota ɗaya suke cushewa. Ba su taka Harlem da wasa ba sai 1968, shekara biyu bayan mutuwarsa. Kuma da farko wasan gaske suke yi. Barkwancin ya shigo ne in sun yi wa 'yan gari rata mai yawa, don kada a ji haushi a ƙi gayyatarsu baɗi. A 1948 suka kara da Minneapolis Lakers, Turawa zalla, da dogonsu George Mikan, suka cinye su 61 da 59 da jifar ƙarshe. Shekara biyu bayan haka NBA, babbar gasar ƙwallon kwando ta Amurka, ta buɗe wa baƙaƙen fata ƙofa: Boston ta zaɓi Chuck Cooper, New York ta sayi Nat Clifton daga hannun Saperstein, Earl Lloyd kuma ya zama na farko da ya taka fili.

To ka ga inda gizo ke saƙar. Su suka fasa ƙofar, ƙofar kuma ta kwashe musu gwanaye. Lokacin da Lemon ya shigo, zaratan samari sun fara wucewa NBA, abin da ya rage wa Globetrotters su sayar shi ne dariya. Goose Tatum, sarkin barkwancinsu, ya tafi a 1955. Ba a jima ba rawanin ya faɗo kan Lemon, ya riƙe shi sama da shekara 20, har ake masa kirari da yariman barkwancin ƙwallon kwando.

Azahar ta yi mana a bakin kogin Cape Fear, inda aka shimfiɗa katako ana yawo, wani tsohon jirgin yaƙi na Yaƙin Duniya na Biyu yana tsallake a ɗaure. Muka yi ƙasaru a gefen mota, muka shiga wani gidan abinci muka nemi kifi. An kawo shi da wasu dunƙule-dunƙulen garin masara soyayyu, kamar ƙosai ya yi aure a gidan masa. A kan wannan kifin na ba Ummi amsar da na kwana uku ina dafawa.

Na ce, "Ummi, kin san wawan sarki?"

Ta ce ta sani.

Na ce a duk fada shi kaɗai ne zai kwaikwayi tafiyar sarki a gaban sarki, ya faɗa wa waziri abin da kowa ke gulma a zaure, a yi dariya a ba shi riga. Wani ya gwada, ya kwana a gidan yari. Ki duba shekarar da Lemon ya fara tashe. A 1955 aka kashe Emmett Till, yaro ɗan shekara 14, a Misisipi, kan zargin ya yi wa Baturiya fito. A waɗannan shekarun ne baƙar fata daga garin filafilan nan yake bin alƙalin wasa da gudu, ya ja masa wando, ya karɓe jakar wata mata daga cikin 'yan kallo ya zazzage, ya jawo ta fili su taka rawa, sannan shi da 'yan'uwansa su lallasa ƙungiyar da yawancinta Turawa ne, yau da gobe da jibi. Turawan kuma su biya kuɗi su tafa.

Ta ce, "Su tafa, sannan su hana shi ɗakin kwana."

Gaskiyarta. A Kudu sau da yawa sai su yi wasa biyu a rana, ɗaya na Turawa ɗaya na baƙaƙe, su ƙare su kwana a bas ko a gidajen mutanen unguwa don otal ba ya karɓarsu. Tsofaffin 'yan ƙungiyar ma suna ba da labarin wani otal a Florida da ya kore su, alhali ya ba wani biri mai wasa a talabijin babban ɗaki. Gwamnatin Amurka kuwa tana tura su ƙasashe a nuna wa duniya wai baƙar fata na jin daɗi. A 1959 har Mosko suka je, suka yi wasa tara, suka gaisa da Khrushchev, shugaban Tarayyar Sobiyet na lokacin. Ummi ta ce to wawan sarki dai na sarki ne, ko ya zagi waziri a fada zai kwana. Na ce haka ne. Na ci kifina.

Amma akwai inda ban sakar mata ba, don nan gonata ce. Na ture faranti na zana mata fili da cokali. Kwando yana sama da ƙasa mita 3 da 'yan kai. Faɗin bakinsa bai kai rabin mita ba, ƙwallo biyu in ka jera su ba za su shige tare ba. Daga tsakiyar fili zuwa can wajen mita 13 ne. Lemon zai tsaya a nan, yana zolayar wani yaro a layin gaba, kafaɗarsa ce ke kallon kwandon, ya saki jifar ƙugiya. Na shekara 31 ina riƙe da usur, ban taɓa samun ɗalibin da zai zura wannan sau biyu a jere ba ko da an yi shiru an ba shi lokaci. Shi a tsakiyar surutu yake yi, a filin da bai taɓa gani ba, bayan ya kwana a zaune cikin bas, kuma fiye da wasa 300 a shekara. Ana lissafa masa wasanni sama da 16,000 a rayuwarsa. In ƙwallon ta shiga, duk shirmen da ya yi kafin nan ya zama gwaninta. In ta ƙi, ya zama wawa na gaske a gaban mutum dubu goma. Kamar 'yan hoto ne na garuruwanmu masu cilla garma sama su tare da ƙirji: kana dariya ne don ka tabbata ba za ta sare shi ba, shi kuwa ya san shekara nawa ya yi kafin ka samu wannan tabbacin.

Kuma ba ni kaɗai na faɗa ba. Wilt Chamberlain, wanda ya zura maki 100 shi kaɗai a wasa ɗaya na NBA a 1962, ya yi shekara guda tare da su kafin nan, yana cikin tafiyar Mosko. Akwai wasan da yake ɗaga Lemon ya cilla sama ya cafe kamar 'yar tsana. Dab da rasuwarsa a 1999 aka tambaye shi gwanin da ya fi burge shi. Ya ce mutane za su ce Julius Erving ko Jordan, shi a wurinsa Meadowlark ne. Wilt kuwa ba mutum ne mai rabon yabo ba, ko kansa yake yabo sai ya ga bai isa ba.

Jikana, wanda ya gaji da mu, ya tambaya ko an taɓa cinye su. Na ce an taɓa, kuma Mai Bokiti na fili. Ranar 5 ga Janairu 1971, a wani ƙaramin gari mai suna Martin a jihar Tennessee. Generals ne, amma a daren sun sa rigar New Jersey Reds, don sukan canja suna da riga a ga kamar ƙungiyoyi daban-daban ne. Globetrotters suka shagala da wasa, ba su duba allo ba sai da lokaci ya kusa ƙarewa suka ga ana binsu bashi. Suka zage suka kamo. Saura 'yan daƙiƙu, mai ƙungiyar Generals da kansa, Red Klotz, gajere ɗan shekara 50, ya saki jifa da hannu biyu irin ta mutanen da, ta shige. 100 da 99. Aka miƙa wa Lemon ƙwallon ƙarshe, ya yi ƙugiyarsa, ta ƙi. Zaure ya yi tsit, yara suka fashe da kuka. Klotz ya ce cinye Globetrotters kamar ka kashe Baban Kirsimeti ne.

Na fi son wannan labarin a kan duk sauran, na kuma gaya wa Ummi dalili. In da komai shiri ne, da ƙwallon nan ta shiga.

Ta yi murmushi ta ce, "Baba, kun dai fi son mutuminku." Ban musa ba.

Ragowar rayuwarsa a hanyar teku na ƙarasa musu, a gurguje. Ya bar ƙungiyar a ƙarshen shekarun 1970 bayan saɓani kan kwantiragi, lokacin an riga an yi su a katun na talabijin, shi da abokinsa Curly Neal, ɗan Greensboro mai ƙwalƙwal ɗin kai da ake kira mai nannaɗaɗɗen gashi, kamar dai mu ce wa wada Dogo. Ya kafa ƙungiyoyinsa, ta farko ma daga bokiti ya samo sunanta, Bucketeers, amma ba wadda ta kama ƙafar ta asali. A 1986 ya zama fasto, ya koma wa'azi. 'Ya'ya goma ya bari, kuma ni dai da na ji lissafin wasa 300 a shekara sai na yi tunanin iyayensu mata. Globetrotters sun jingine lamba 36 ba mai sake sa ta. A 2003 aka shigar da shi zauren gwarzayen ƙwallon kwando na Springfield, garin da James Naismith ya ƙirƙiro wasan a 1891 da kwandunan 'ya'yan itace biyu, shekara biyar kafin a shigar da namu Hakeem Olajuwon. Bai taɓa buga ko minti ɗaya a NBA ba. Ya rasu a Scottsdale ta jihar Arizona ranar 27 ga Disamba 2015, yana da shekara 83.

Tekun kuwa sanyi ya hana shiga. Jikana ya tsoma ƙafa ya fito yana rawar ɗari, ya ce an cuce shi, teku aka yi masa alkawari aka kai shi kallon gada.

Washegari da la'asar ina kishingiɗe na ji Ummi tana faɗa a kicin, wa ya juye mata albasa a ƙasa. Buhu ne babba mai raga ja, wanda surukina ke sarowa a shagon wani ɗan Nijar. Na leƙa bayan gida. Maigida ya samo wayar rataye riga, kuma da na duba da kyau, wadda babbar rigata ta Juma'a ke kai ce, rigar tana can yashe a kan gado. Ya lanƙwasa ta ya ɗaura buhun, ya maƙala a jikin katangar katako. Gwangwanin madara ma ya samo, sai dai bai san ana shanye madarar tukuna ba.

"Tsoho, zo ka nuna ƙugiyar taka, tunda baki ya iya."

Na karɓa, na ba katanga kafaɗa, na kanne ido mai ciwo. Taku biyar ne kacal. Na ɗaga hannu na saki. Gwangwanin ya wuce saman buhun, ya wuce katangar, muka ji ƙararsa a kan wani abu mai kama da murfin mota a gidan maƙwabci. Surukina, wanda ya fito da buta zai yi alwala, ya ajiye ta a hankali, ya sa takalmi, ya nufi ƙofar maƙwabcin ba tare da ya dube ni ba. Ummi na tsaye a taga da albasa a hannu, tana dariya har da hawaye. Na ɗaga murya na ce, "Ummi, wannan tare da ni ake yi, ko ni ake yi wa?"

Ta ce, "Ku ake yi wa, Baba."